Me Ya Sa Mutum Ke Yi Wa Kansa Ƙafar Ungulu?

Duk wanda ya daɗe a garin Gombe ya san irin telan nan da hannunsa ya fi na kowa kyau a unguwa, amma shekara da shekaru yana nan da keke ɗaya a shago ɗaya. Azumi na kamawa sai ya karɓi ɗinkin da ya san ko barci ba ya yi ba zai gama ba, ya shafe goman farko yana hira a bakin shago, daren Sallah kuma ya kashe waya. Bayan Sallah masu kawo masa aiki su watse, ya yi rantsuwa baɗi ba zai sake ba, baɗi ta zo ya sake. An san ɗalibar da ta fi kowa ƙoƙari a aji, amma da jarrabawar JAMB ta matso sai ta rufe littafi ta kama wanke-wanke da share-sharen da ba wanda ya sa ta. An san yaron shago a Babbar Kasuwa da maigida ya yi shekaru yana gwadawa, saura 'yan watanni a sallame shi da jari, sai ya tsiro da rigimar da ba ta da kai ba ta da gindi, a rabu baram-baram.

Idan maganar irin waɗannan mutane ta taso a majalisa, bayani biyu ake ji. Wani ya ce an sa masa hannu ne, wani ya ce zuciyarsa ce ta mutu, malalaci ne kawai. Duka biyun ba su gamsar da ni ba. Malalaci ba ya kwana a kan keken ɗinki har kiran Asuba, kuma yaron da ya yi shekaru yana buɗe shago kafin kowa ba za a ce masa mataccen zuciya ba. Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne lokacin da ɓarnar take zuwa. Ba ta zuwa sa'ad da abubuwa suke a cuɗe, sai an kusa ga gaci, sai ƙofa ta fara buɗewa, sannan mutum ya sa hannunsa da kansa ya maida ta.

A fahimtata, mutumin da ke yi wa kansa haka ciniki yake yi, ko da bai san yana yi ba. Yana sayen abin da zai kare masa mutunci yau, yana biya da abin da zai amfane shi gobe. Cinikin faɗuwa ne, amma akwai abin da yake samu a ciki, kuma muddin ba a gano abin da yake samun ba, nasiha da faɗa ba za su raba shi da halin ba.

A shekarar 1978 wasu masana halayyar ɗan Adam biyu a Amurka, Steven Berglas da Edward Jones, sun yi wani gwaji da ya haska wannan al'amari. Sun tara ɗalibai suka ce musu ana son a ga yadda wasu magunguna ke shafar kaifin tunani. Aka ba wasu tambayoyin da ke amsuwa, aka ba wasu tambayoyin da galibinsu ba su da amsa, sai dai mutum ya yi canki-canka. Da aka gama, aka gaya wa kowa cewa sakamakonsa ya yi kyau ƙwarai. Sannan aka ce za a sake wata jarrabawar, amma kafin nan kowa ya zaɓi ɗaya cikin magunguna biyu: wanda aka ce yana ƙara kaifin tunani, ko wanda aka ce yana dusashe shi. Waɗanda suka san da guminsu suka ci ta farko, yawancinsu sun zaɓi mai ƙara kaifi. Waɗanda aka yaba wa alhali su kansu ba su san yadda aka yi suka ci ba, musamman mazan cikinsu, da yawa sun miƙa hannu ga mai dusashewa.

Lissafinsu a fili yake. An riga an ce kai gwani ne, kai kuma a ranka ba ka tabbata ba. Idan ka shiga jarrabawa ta biyu da cikakken ƙarfinka ka faɗi, asiri ya tonu. Idan kuwa ka sha abin da zai dusashe ka, to in ka faɗi laifin magani ne, in ka ci kuma ka ƙara zama gwani, tunda ka ci duk da cikas. Ta kowace fuska sunan da aka ba ka bai taɓu ba. Ɗalibar nan da ta rufe littafi saura sati uku, uzuri take tanadi. In sakamako ya fito ta samu 160 cikin 400, za a ce ai ba ta samu lokacin karatu ba ne, aikin gida ya yi mata yawa. Wannan ya fi mata sauƙin haɗiya a kan a ce ta yi karatu dare da rana, iyakar abin da ƙwaƙwalwarta ta iya ke nan.

Muna da karin maganar da ta riga waɗannan masana faɗin haka: da muguwar rawa gara ƙin tashi. A inda aka yi ta domin shi gaskiya ce, gara a bar abin da zai jawo abin kunya. Amma ana ɗauko ta a aza a kan karatu da sana'a da neman aiki, wuraren da ba wanda ya taɓa ƙwarewa sai da ya fara da tuntuɓe. Kuma a gari irin namu farashin tuntuɓe yana da tsada. Gombe ta bunƙasa ƙwarai tun da ta zama hedikwatar jiha a 1996, amma har yanzu a Jekadafari ko Bolari ko Pantami, in ka buɗe shago ya rufe, kafin sati labari ya kai gidan surukanka. Ana tuna wa mutum faɗuwarsa a wurin ɗaurin aure, a kuma yi wa ƙannensa gori da ita. Kunya tana cikin abubuwan da suka riƙe tarbiyyarmu, ba na son ranar da za mu rasa ta. Sai dai ita wannan kunyar da ke hana yaro ɗaga wa babba murya, wani lokaci ita ke hana magidanci mai shekara arba'in komawa aji ya gyara takardar Turanci ko Lissafi da ta tsaya masa, don kada ya zauna benci ɗaya da sa'o'in 'ya'yansa.

Wani ɓangaren laifin kuma a gida ake shuka shi, da kyakkyawar niyya. Yaro ya zo na ɗaya a firamare sai a fara: wannan ai kansa ja ne, wannan likita ne, ba ya ko karatu yake ci. A 1998 Claudia Mueller da Carol Dweck sun gwada wannan a kan 'yan firamare a Amurka. Bayan yaran sun warware wasu tambayoyi, aka ce wa wasu lallai kuna da basira, aka ce wa wasu lallai kun dage. Waɗanda aka yaba wa basira sun fi karkata ga aiki mai sauƙi a gaba, kuma da aka ba su mai wuya suka kasa, sun fi saurin karaya, har aikinsu ya ragu daga baya. Waɗanda aka yaba wa dagewa sun fi jurewa. Dalili kuwa, dagewa abu ne da ke hannun yaro, in bai isa ba sai ya ƙara. Basira kuma suna ne da aka rataya masa, kowace jarrabawa tana iya ƙwace shi. Malaman jami'a a nan Gombe ko a Kashere sun saba ganin irin wannan ɗalibin: ya zo daga Dukku ko Nafada ko Deba a matsayin wanda ba a taɓa kayarwa ba, ya tarar da wasu da suka fi shi, ya samu maki mara kyau a zangon farko, daga nan sai ya daina shiga aji. A waje sai a ga kamar birni ne ya ɗauke masa hankali, alhali tsoro ne ya kama shi.

Jan ƙafa, wato sai anjima, sai gobe, sai bayan Sallah, shi ne nau'in da ya fi kowanne yawa. An daɗe ana ɗaukarsa rashin iya tsara lokaci, amma masu bincike irin su Fuschia Sirois da Timothy Pychyl sun nuna cewa tushensa gudun ɓacin rai ne. Aikin yana zuwa da wani nauyi a ƙirji, fargaba ko gundura ko jin cewa ban iya ba, mutum ya ture aikin sai nauyin ya sauka nan take. Wannan sauƙin na ɗan lokaci shi ne ladan da zuciya take samu, shi ya sa take neman a maimaita. Yanzu kuma ga waya a aljihu, mafaka ta samu a kowane lokaci. Dianne Tice da Roy Baumeister sun bi diddigin ɗaliban jami'a a wani bincike da suka wallafa a 1997, suka tarar masu jan ƙafa sun fi sauran kwanciyar hankali da lafiya a farkon zango, amma zuwa ƙarshensa sun fi su damuwa da rashin lafiya, makinsu kuma ya fi ƙasa.

Inda na fi ganin illar wannan a tsakaninmu shi ne wajen bashi. Ɗan kasuwa a Tudun Hatsi ya karɓi buhunan masara ko wake a hannun wanda ya yarda da shi, kasuwa ta juya, kuɗi suka gaza. A ranar farko abin da ake bukata bai wuce ya tako ya ce, Alhaji, ga halin da ake ciki, ga abin da ya samu, a ƙara mini lokaci. Yawancin manyan 'yan kasuwa sun san faɗuwa, sun sha ta, za su saurara. Amma wannan tattakin na minti goma yana da ɗaci, sai ya bari sai gobe. Gobe kira ya shigo ya ƙi ɗauka. Jibi ya canza hanyar zuwa masallaci. Bayan wata biyu maganar ta tashi daga ta kuɗi ta koma ta amana, wadda ita ce ainihin jarinsa a kasuwar. Kuɗin da ya gaza kasuwa ce ta ci, amma amanar shi ya zubar da ita da hannunsa, don gudun kunyar rana ɗaya.

Akwai kuma wanda ba faɗuwa yake tsoro ba, samun yake tsoro, kuma ba zan ce tsoronsa ba shi da tushe ba. A gidajenmu wanda Allah ya ɗaga ya zama bango. Kuɗin makarantar ƙanne, asibitin gwaggo, gudummawar biki, buhun azumi, duk kansa za su dawo, in ya gaza sau ɗaya a ce ya samu duniya ya manta da dangi. Ga tsoron baki da hassada. Ga abokan majalisa da za su fara cewa ya canza. Wani matashin yana hango wannan duka, bai taɓa furtawa ba ko ga kansa, amma sai ka ga ranar ganawar neman aiki ya makara, ko takarda ɗaya ta ɓace. Zama daidai da kowa yana da daɗinsa: ba a roƙonka, ba a zarginka, ba a ware ka. Maganin wannan kuwa ba ƙin taimakon dangi ba ne, zumunci wajibi ne. Sai dai mutum ya koyi yanke wa taimakon iyaka tun da wuri, ya ware abin da zai iya bayarwa a wata, ya bar jari a matsayin jari, ya kuma jure a ce masa marowaci na ɗan lokaci.

A zaman aure ma ana ganinsa. William Swann da abokan aikinsa sun gano a 1992 cewa ma'auratan da ke kallon kansu a wulaƙance sun fi sakin jiki da abokin zaman da shi ma bai ɗauke su da daraja sosai ba, fiye da wanda yake yaba su. Wanda ya tashi yana jin ana cewa ba ka da amfani, ba za ki yi albarka ba, idan ya samu matar da ke girmama shi sai abin ya zame masa baƙo. Ya yi ta gwada ta da zargi da baƙar magana yana jiran ranar da za ta nuna ainihin abin da take ɗaukarsa, har sai ta gaji, sannan ya ce dama na sani.

To amma a nan dole in ja birki, domin wannan magana tana da hatsari in ta faɗa bakin da bai dace ba. Akwai masu laccar ƙarfafa gwiwa da ke cika shafukan sada zumunta da cewa talauci tunani ne, duk wanda bai samu ba shi ya hana kansa. Wannan zalunci ne a kan mutanen da ke tashi tun duhu suna fafutuka. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, mai Keke Napep da mai sayar da ƙosai da malamin firamare sun ga kuɗinsu ya narke a hannu ba tare da sun yi kuskuren komai ba. Matashin da ya gama hidimar ƙasa ya cike fom bayan fom, yana ganin ana raba guraben aiki ta hanyar wa ka sani, ba shi ya yi wa kansa ba.

Kuma shi kansa rashin yana cin hankali. A wani bincike da aka wallafa a 2013, Sendhil Mullainathan da Eldar Shafir da abokan aikinsu sun gwada manoman rake 464 a jihar Tamil Nadu ta Indiya sau biyu, kafin girbi lokacin da aljihu ya bushe, da bayan girbi lokacin da kuɗi suka shigo. Mutanen dai su ne, amma sun fi kaifin tunani bayan girbi. Wanda kansa ya cika da lissafin cefanen gobe ba ya da sauran wurin da zai sa tsarin shekara mai zuwa. Haka kuma tun 1967 Martin Seligman da Steven Maier suka nuna, a gwajin da suka yi da karnuka, cewa dabbar da aka saba wa wahalar da ba ta da ikon tsayarwa, ko an buɗe mata hanyar tsira daga baya sai ta kwanta ta ƙi motsi. Mutumin da aka rufe wa ƙofa sau da yawa yana iya kai wa inda ko ta buɗe ba zai taɓa ta ba. A nan ne cikas na waje da na ciki suke haɗuwa. Rashin adalcin gaskiya ne, shi ya karya masa gwiwa, amma yanzu ga tallafin koyon sana'a ko bashin karatu na NELFUND da aka fara a 2024, ya ƙi ko cike fom, wai ai an riga an raba. Wataƙila an raba ɗin, amma shi bai bar wa kansa hanyar sani ba.

Yaya mutum zai bambance abin da aka yi masa da abin da ya yi wa kansa? Alamar da na fi yarda da ita ita ce maimaituwa. In ka yi iyayen gida huɗu duk kun rabu a kan abu iri ɗaya, in kowace sana'a ka kama sai ta fara kawo riba sannan ka gundura, to akwai abin dubawa a gida. Sai kuma wadda ta fi wuyar amsawa: lokacin da abin ya rushe, a ƙarƙashin baƙin cikin, ka ji wata 'yar sanyi a rai kamar an sauke maka kaya? Wanda aka zalunta zafi yake ji zalla. Wanda ya ji sauƙi ya gauraya da zafin, akwai abin da yake gudu.

Mafakar da ta fi kowace kusa da hannunmu ita ce ƙaddara. Ba rabona ba ne, haka Allah ya so. Imani da ƙaddara ginshiƙi ne na addini, kuma shi ke riƙe zuciya idan musiba ta sauka. Amma a dubi yadda Manzon Allah (SAW) ya jera maganar a hadisin da Muslim ya ruwaito daga Abu Huraira. Ya fara da cewa ka yi kwaɗayin abin da zai amfane ka, ka nemi taimakon Allah, kada ka gaza. Bayan nan ne ya ce idan wani abu ya same ka kada ka ce da na yi kaza da kaza ya faru, ka ce Allah ne ya ƙaddara, abin da ya so shi ya aikata. Ƙoƙari ne a gaba, sallamawa a baya. Mu kuma sau da yawa muna juya jerin, mu ɗauko sallamawar tun kafin a fara. Ga kuma mutumin da ya tambaya ko ya ɗaure raƙumarsa ko ya sake ta ya yi tawakkali, aka ce masa ya ɗaure ta sannan ya yi tawakkali, kamar yadda Tirmizi ya ruwaito. Cikin addu'o'in da Annabi ya yawaita har da neman tsari daga gazawa da kasala, a jere da damuwa da baƙin ciki da nauyin bashi.

Batun an sa masa hannu ya fi damuna, saboda ba ya tsayawa a kan mai shi. Addu'a da azkar kariya ne, ba mai jayayya da wannan. Amma da zarar an yanke cewa sammu ne, sai a fara neman wanda ya yi, kuma kusan kullum yatsa yana sauka a kan kishiyar uwa, ko wata tsohuwa a dangi, ko maƙwabcin shago. Zumunci ya lalace, ɗan abin da ya rage na jari ya tafi wajen masu magani, shi kuma yaron an ba shi uzurin da ya fi kowanne ƙarfi, tunda yanzu ba ma shi ke tuƙa rayuwarsa ba.

Abin da mutane suka fi yi idan sun gane su ke cutar kansu shi ne su hau kansu da zagi: ni banza ne, ba zan taɓa gyaruwa ba. Suna ganin wannan shi ne ɗaukar abin da muhimmanci. Amma tunda tushen matsalar gudun ɓacin rai ne, ƙara ɓacin rai ƙara mata mai ne. A 2010 Michael Wohl da Pychyl da Shannon Bennett sun bi ɗaliban shekarar farko a Jami'ar Carleton da ke Kanada, suka tarar waɗanda suka yafe wa kansu jan ƙafar da suka yi kafin jarrabawar farko sun rage shi kafin ta biyu. Wannan bai kamata ya zame wa Musulmi baƙo ba. Tuba tana buƙatar nadama da barin laifin da ƙudurin ba za a koma ba, amma ba ta yarda da ɗebe tsammani ba. Ka amsa cewa ni na yi, ba tare da ka yanke wa kanka hukuncin cewa haka nake har abada ba.

Daga nan sai a rage dogaro da niyya. Niyyar da ba ta da rana da wuri ba ta cika zama aiki ba. Peter Gollwitzer, masani ɗan ƙasar Jamus, ya shafe shekaru yana nuna cewa wanda ya ƙulla aikinsa da wani lokaci takamaimai, idan kaza ya faru zan yi kaza, ya fi cikawa a kan wanda ya tsaya a zan yi. Mu kuwa an riga an yanka mana yini gida biyar. Zan fara karatu magana ce da iska ke ɗauka. Idan na sallame Asuba, kafin in taɓa waya, zan amsa tsofaffin tambayoyin Lissafi goma a kan tabarmar nan, wannan alƙawari ne da za a iya kamawa. Kuma a fara da kaɗan, kaɗan ɗin da har mutum zai ji kunyar faɗa. Hadisin Nana A'isha ya ce aikin da Allah ya fi so shi ne wanda aka dawwama a kai ko da kaɗan ne. Ƙaramin aiki ba ya tayar da tsoron nan da ke sa a gudu, kuma kowace rana da aka cika shi shaida ce ga zuciyar da ta saba cewa ƙoƙari ba ya canza komai.

Dabarar da ta fi burge ni kuwa iyayenmu mata sun daɗe da ita. Matar da ta shiga adashe ta san in kuɗin suna ɗaure a bakin zani ba za su kai ƙarshen wata ba, don haka ta miƙa su inda hannunta ba zai kai ba. Esther Duflo da Michael Kremer, waɗanda suka samu kyautar Nobel ta tattalin arziki a 2019, tare da Jonathan Robinson, sun gwada makamancin wannan da manoman masara a yammacin Kenya. Manoman suna cewa za su sa taki, amma lokacin shuka na zuwa kuɗi sun ƙare. Sai aka ba su damar biyan kuɗin takin nan da nan bayan girbi, a kan cikakken farashi, a kawo musu har gida kyauta. Masu sa taki suka ƙaru sosai, kwatankwacin abin da aka samu da aka karya farashin da rabi daga baya a cikin damina. Manomin Kumo ko Dadin Kowa da ya sayar da amfani da kaka ya san yadda kuɗi ke zirarewa kafin ruwan farko. Ya sayi takin da irin tun kuɗin na hannu. Tela ya rubuta adadin ɗinkin da zai karɓa tun watan Sha'aban, ya gaya wa yaransa in an cika a rufe littafi ko shi ya ce a buɗe. Ɗaliba ta ba mahaifiyarta waya daga Magariba zuwa safe. Duk hikimar ɗaya ce: mutum ya yanke shawara lokacin da yake da ƙarfi, ya ɗaure hannun kansa kafin lokacin rauni ya zo.

Za a zame, wannan babu makawa, kuma a wurin zamewar farko ne aka fi yin asara, saboda zuciya tana cewa tunda an ɓata sai a ƙarasa. Phillippa Lally da abokan aikinta a Landan sun bi mutum 96 da ke ƙoƙarin kafa sabuwar ɗabi'a, a binciken da ya fito a 2010. Tsakatsakin lokacin da ɗabi'ar ta ɗauka kafin ta zauna kwana 66 ne, wasu 18, wasu har 254, kuma tsallake rana ɗaya bai rushe ginin ba.

Sauran aikin na iyaye ne da malamai da iyayen gida, domin su ke sa wa faɗuwa farashi. Idan sakamakon WAEC ko NECO ya fito yaro ya faɗi Lissafi, tambayar da za a yi masa ita ce wane ɓangare ne ya ba ka wuya, wa zai koya maka, yaushe za a sake. In abin da ya samu gori ne a gaban ƙannensa da kwatanta shi da ɗan maƙwabta, to an koya masa cewa shekara mai zuwa ya tanadi uzuri tun da wuri. Maigidan da yaronsa zai iya zuwa ya ce Alhaji na yi asara yau ba tare da an tara masa jama'a ba, shi ne wanda ba za a ɓoye masa asarar wata shida ba.

Akwai kuma wanda duk wannan bai isa ya ɗaga shi ba, saboda abin da ke damunsa ciwo ne. Idan mutum ya yi sati biyu ko fiye ba ya jin daɗin komai, barci da cin abinci sun rikice, ya janye daga mutane, yana cewa shi ba shi da amfani ko gara ya mutu, wannan alamun ciwon damuwa ne, kuma yana da magani. Haka wanda tiramadol ko kodin ko cacar waya ta kama, ya yi ta rantsuwar bari yana komawa. Ce wa irin wannan ya yi zuciya kawai ƙara masa kaya ne. Najeriya ta samu sabuwar dokar kula da lafiyar ƙwaƙwalwa a farkon 2023, kuma Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke nan Gombe yana da likitocin wannan fanni. Mai irin wannan hali da wuya ya kai kansa, domin ciwon ne ke gaya masa ba amfani, don haka sai wani daga cikin 'yan'uwa ya sa rana, ya zo ya ɗauke shi, ya zauna da shi a layi har a kira sunansa.